Ruwan Ubangi da Muryar Yaya

Jikanyata ce ta mayar da ni bakin Ubangi bayan na daɗe ban leƙa shi ba. Mu mutanen unguwar Kilomita Biyar a birnin Bangi haka muke. Kogin yana nan kusa, in ka hau moto, wato babur ɗin haya, ba za ka gama ba direba labari ba sai ga ku a bakinsa, amma fuskokinmu kullum suna kallon hanyar Kamaru, inda manyan motoci ke shigo mana da kaya. Ni da na ga Kwara a Yamai, na tsallake Binuwai a Garwa, na sha shayi a bakin Shari, na tsaya inda Nilu biyu ke haɗuwa a Khartum, kowannensu in aka taɓo ni sai na ba da labarinsa har mai sauraro ya nemi hanyar gudu. Wanda aka haife ni kusa da shi ne kawai ban taɓa ɗauka abin labari ba.

Yarinyar ta dawo daga karatun harkar fim a Yawunde da kyamara a jaka. Hausarta irin ta 'ya'yan yanzu ce, tana farawa da ita tiryan-tiryan, in magana ta yi zafi sai Sango, harshen ƙasar nan, ya karɓe. Wata safiya ta same ni a ƙofar shago.

"Ango, tashi ka raka ni kogi. Fim zan yi."

"Amarya, da tsufan nan nawa za ki sa ni a fim? To, na yarda, amma ni ne jarumi."

"An riga an ɗauki jarumi. Ruwa ne."

"Wa yake son wa a ciki?"

"Babu."

"Wa ya ci amanar wa?"

"Babu."

"Rawa da waƙa fa?"

Ta ce in na ƙara tambaya ɗaya za ta je ta nemi wani angon a unguwar Yakite mai ƙarancin surutu. Na ɗauki hulata.

Abin da na gani a kwanakin nan ya tayar mini da wani ɗoki da na zaci ya mutu tun ina saurayi. Na sha shiga gidajen sinima a garuruwa, na ga na Indiya, na ga na Masar, na ga namu na Kano, ban taɓa ganin mai ɗaukar hoto ya juya wa mutane baya ya durƙusa gaban ruwa ba. Takan sa kyamarar cikin wata jakar roba ta nutsar da rabinta, sama ta zama rabi, cikin ruwa rabi. In masunci ya zo wucewa a kwalekwale, ba shi take ɗauka ba, inuwarsa take bi a kan ruwa tana lanƙwashewa. Masu haƙo yashi suna nutsewa da bokiti su ɓullo suna huci, ita kuwa kumfar da suka bari take jira. Ta ɗauki hannun mata masu wanki ba tare da fuskokinsu ba. Ta ɗauki garin Zongo da ke tsallake, a kife cikin ruwa, bishiyoyinsa suna kallon ƙasa. Daga baya a kwamfuta ta nuna mini wani wuri da ta juya tafiyar hoton baya, sai ga taru ya tashi daga ruwa ya koma hannun mai shi a naɗe. Na yi salati, na ce ta sake. Ta sake. Na ce ta ƙara.

Amma ruwa kaɗai ba ya magana. Murya take nema da za ta ɗora a kansa, kuma muryar da take so ta Yaya ce.

Yaya ita ce babbar 'yar uwata, uwa ɗaya uba ɗaya, kuma a duk danginmu ita kaɗai ta rage cikin waɗanda suka shigo Bangi ta ruwa. Mahaifinmu ɗan kasuwar goro ne da neman abinci ya gangara da shi har Kwango, daga can ya kwaso iyali ya hau da su jirgin ruwa ya biyo Ubangi. Yaya tana ƙarama lokacin. Ni sai da aka zauna a nan aka haife ni, shi ya sa har yau da furfurata Auta take ce mini. Mace ce da ba a ɗaukarta hoto. Ko na katin shaida da ƙyar aka yi. Da jikanyata ta ce mata ba fuskarta take so ba, murya kawai, sai ta kafa sharaɗi. In an gama za a fara kawo mata ta ji. In ta ce a goge, a goge a gabanta. Yarinyar ta yarda, ni ne shaida.

Muka zauna a ɗakinta da hantsi, an ajiye na'urar ɗaukar murya a kan tabarma. Yaya ta dube ta ta ce ita ba ta magana da ƙarfe. Sai aka ce ta ba ni labarin, ni in saurara. Ta gyara zama ta fara, ni kuma na kama aikin da kowane Bahaushe ya sani ba tare da an koya masa ba. In ta kai gaɓa in ce na'am. In ta faɗi abin mamaki in ce ikon Allah. In ta ja numfashi in ce sai aka yi yaya.

Ta faɗi yadda jirgin ke cin itace kamar murhun gidan biki, yana tsayawa a ƙauyuka a loda masa. Ta faɗi yadda Inna, mahaifiyarmu, ta ɗaure daddawa a tsumma ta ɓoye cikin kaya, warin ya tona ta, matan jirgi suka yi ta toshe hanci, kafin a iso kuwa suna zuwa roƙo. A jirgin ta fara cin rogo da aka naɗe a ganye, a jirgin ta koyi kalmarta ta farko ta Sango daga bakin matuƙa. Abubuwa da dama ban taɓa ji ba. Sannan muryarta ta sauka. Ta ce akwai ƙaninta, wanda da shi ne yayana, yana goye a bayan Inna. Zazzaɓi ya kama shi a hanya. Mai jirgi ya yi musu alheri ya tsaya a wani tsibirin yashi, Baba da wasu musulmi da ke jirgin suka yi masa sutura. Ta ce in ruwa ya cika tsibirin nutsewa yake, in ya janye ya fito a wani wurin.

"A nan muka bar shi," in ji ta.

Na ce, "Allah ya jiƙansa, ya sa mai ceto ne."

Ta ce amin, ta ci gaba.

Jikanyata ta shige ɗaki da kwamfutarta ta yi makonni. In na leƙa sai ta kore ni. Ranar da ta ce an gama, ni na riƙe mata jaka har ɗakin Yaya, ina tafe ina jin kamar ni zan ci jarrabawa. Aka kunna. Ruwa ya cika allon, launin shayi da madara, yana tafiya a hankali. Muryar Yaya ta fito a kansa, tsaf, kamar daga ƙarƙashin kogin take tasowa. Sai da aka ɗan yi nisa na lura da abin da ya ɓace. Ni ne. Duk na'am ɗina, duk ikon Allah, ta yanke su. Inda nake amsawa babu komai sai motsin ruwa. Yaya ta yi magana, shiru. Ta sake magana, shiru.

Aka zo wurin tsibiri. "A nan muka bar shi." Ruwa ya yi ta wucewa, ba wanda ya ce uffan.

"Tsayar," in ji Yaya.

Aka tsayar.

"Ke 'yar nan, me na yi miki?"

"Iya, me ya faru?"

"Kin ɗauke ni kin kai bakin kogi kin zaunar ina surutu ni kaɗai. Wace ce ke magana ita kaɗai a bakin ruwa in ba wadda iskoki suka taɓa ba? Haka za ki nuna ni a duniya? Kuma na ambaci mamaci, ɗan uwana, ba a samu mai cewa Allah ya jiƙansa ba. Auta, ba ka faɗa ba ranar?"

"Na faɗa, Yaya."

"To ina ta kai shi? Goge."

Yarinyar ta fara bayani da Hausa, ta koma Sango, ta ƙarasa da Faransanci. Ta ce shirun da gangan ta bar shi, wurin mai kallo ne, don ya zauna da maganar a zuciyarsa. Ta ce haka ake yi. Yaya ta ce ba ta san inda ake yin haka ba, amma ba a gidan ubanta ba. Na roƙi arziki a ɗaga gogewar zuwa gobe, aka ba ni da ƙyar.

A hanya na ce wa jikanyata abin ai mai sauƙi ne, ta mayar da muryata. Ta tsaya cak a tsakiyar layin masu atamfa.

"Ango, ka san abin da ka yi a ɗaukar nan? Ka yi tari. Ka ce jirgin Nilu ya fi wannan girma. Ka ce a Garwa ma haka suke naɗe rogo. In na mayar da kai, fim ɗin ya tashi daga na Ubangi ya zama na yawonka."

Masu shaguna suka kwashe da dariya, don sun san ni. Amma idonta ya kawo ruwa. Aikin da ta zuba ranta a kai ne, kuma an riga an ce mata ta aika da shi wani taron masu fim a ƙasar waje. Ta kuma san ko za ta mutu ba za ta karya alkawarin da ta yi wa Yaya ba.

Ina zaune bayan la'asar ina juya maganarta ta cewa shirun wurin mai kallo ne, sai na tuna majigin da ake kawo mana muna yara. Wa ya taɓa kallon majigi baki a rufe? Na tuna wani gidan sinima a Kano inda 'yan kallo ke yi wa jarumi ihu ya waiwaya ga maƙiyi a bayansa. A Alƙahira na ga dattijo ya miƙe yana zagin azzalumin da ke allo har da cire takalmi. Wuri ɗaya ne na taɓa shiga, a Turai, na ga mutane sun yi tsit kamar masu zaman makoki, na yi gyaran murya aka juyo ana harara ta. Ashe yarinyar don irin waɗancan ta yanka fim ɗinta, mu kuma muka gwada shi a ɗaki da mutum uku, biyu a ciki suna tsoron ta ukun. Na miƙe ko takalmi ban saka daidai ba na nufi wurin Yaya.

Na ce ta bari a nuna shi sau ɗaya ga mutanen unguwa. In ta ji an bar ta tana magana ita kaɗai, ni da hannuna zan danna gogewar.

Ta dube ni. "Na san ka, Auta. Za ka bi gida gida ka ce wa mutane su amsa."

"Haba Yaya."

"Ba za ka gaya wa kowa komai ba. Kuma ranar, bakinka a rufe. Amsar da aka roƙo ba amsa ba ce."

A rayuwata an sha hana ni abubuwa a kan iyakokin ƙasashe, ba a taɓa ɗora mini mai nauyin wannan ba.

Wani maƙwabcinmu mai sayar da fulawa a sari ya ba mu sitonsa, don ko da rana in an ja ƙofa duhu ne. Aka jera buhuna aka yi wurin zama. Daga kasuwa aka yanko farin yadi aka ɗaure a bango, aka aro majigi da janareta. Bayan azahar mutane suka fara shigowa: dattawan layinmu, Larabawan Cadi masu shagunan ƙarfe, Fulani, samari masu gyaran waya, da mata a gefe guda bayan wani zane da aka tare. A nan aka zaunar da Yaya a kujera, inda take ganin allo ba a ganinta. Har da wata tsohuwa daga Yakite mai kawo mana busasshen kifi, wadda ba musulma ba ce, iyayenta mutanen kogi ne. Ta shekara da shekaru tana shiga gidajenmu, Hausa kuwa tana ji sarai, amsawa ce sai da Sango.

Aka kunna. Ruwa. Aka jira. Ruwa dai.

"An fara ne, ko ana gwada na'ura?" in ji wani daga baya.

"Sai an sa mai," wani ya ce, aka yi dariya.

Da taru ya tashi ya koma hannun masunci, samari suka yi sowa, wani Balarabe ya rantse yarinyar nan tana da aljanu. Sannan muryar Yaya ta shigo, sito ya yi tsit. Ta faɗi jirgi mai cin itace. Shiru ya biyo baya, ba wanda ya tanka. Mutane sun ɗauka abin na 'yan boko ne, a yi ladabi. Na'am ta taso mini har maƙogwaro, na haɗiye ta. Ta faɗi ƙauyukan da ake tsayawa. Shiru kuma. Na dubi jikanyata a tsaye jikin majigi, ta dunƙule hannu a baki. Na cusa gefen rawanina tsakanin haƙora. Mai fulawa ya raɗa mini ko ciwon haƙori nake.

Sai Yaya ta ambaci sunan wani mashigi inda ruwa ke juyawa, inda matuƙa ke yin shiru har a wuce. Daga bayan zanen mata aka ji murya da ƙarfi.

"Ta tene!"

Mai kifi ce. Da Sango ta ce gaskiya ne, ta ƙara da cewa kakanta a nan kwalekwalensa ya kife. Ba ta san wata doka ta kallon fim ba, an faɗi abin da ta sani, ta shaida. Kamar ta cire wa buta murfi. Da aka zo labarin daddawa, mata suka fashe da dariya, wata ta ce wallahi tata uwar a cikin matashin kai ta ɓoye. Yaya ta yi magana, wani dattijo ya ce na'am. Ta sake, Balarabe ya ce sahi, Bafulatani ya ce gonga, kowa yana cewa gaskiya ne da harshensa. Kowane shiru da yarinyar ta bari, sai ga shi daidai bakin mutane, kamar an auna. Wasu ma sun fara jefo nasu: wannan kakansa ta ƙasa ya zo da shanu, wancan uwarsa 'yar tsallake ce. Ni kuwa ina zaune da rawani a baki.

Hoton ya koma wani farin yashi da ruwa ke lasa a hankali. Muryar ta sauka.

"A nan muka bar shi."

Ban taɓa jin abu irin wannan ba, ko a masallatan da na yi salla a ƙasashe. Sito gaba ɗaya ya ɗauka, maza da mata, "Inna lillahi wa inna ilaihi raji'un. Allah ya jiƙansa." Wani limami da ke gaba ya ɗaga hannu ya ja addu'a, aka bi shi. Mai kifi tana yi da nata harshen. Fim ya ci gaba, muryar Yaya ta dawo, ba a ji ta ba don ba a gama shafawa ba. Jariri da aka binne a tsibirin da ba wanda ya san inda yake, tun kafin a haifi kowa a wurin in ban da mutum ɗaya, ya samu jama'ar da bai samu ba ranar. A nan na saki rawanin. Na ce in Yaya za ta kama ni da laifin amin, ta kama.

Da aka buɗe ƙofa haske ya shigo, ba wanda ya tashi. Gardama ta kaure a kan ko jirgin da ya kawo su ta baya yake da farfela ko ta gefe. Samari suka kewaye jikanyata suna tambayar yadda aka yi taru ya tashi. Wasu tsofaffi biyu suna rige-rigen a zo a ɗauki nasu labarin. Ita kuwa ta kutsa ta durƙusa gaban kujerar Yaya, ni ina biye.

"Iya, in goge?"

Yaya tana share ido da gefen mayafi. "Wurin tsibirin nan, kin yi rowar shiru. Mutane ba su gama addu'a ba na katse su kamar marar tarbiyya. Ƙara shi."

"Zan ƙara, Iya."

"Kuma wannan taron da za ki kai shi, su wane ne a can? Sun iya amsa magana?"

Yarinyar ta dube ni. Na ce gaskiya, Yaya, na ga irinsu, ko tari ba sa yi.

"To ba za a kunna ni a gaban gumaka ba. Duk inda za a nuna shi, sai da mai amsawa a cikin ɗakin." Ta nuna ni da haɓa. "Ga wannan, tun yana yaro ba a taɓa rufe masa baki ba sai yau. Ki tafi da shi. Yana jin harsunansu, in ya fara za su bi."

Jikanyata ta yi tsalle ta rungume ta, ta juyo gare ni. "Ango, ka ji. Amma na'am kawai da addu'a. In ka kawo zancen Nilu, a filin jirgi zan bar ka."

Washegari da sassafe na fito da fasfona daga ƙasan akwati, na tarar ya daɗe da mutuwa. Na hau moto zuwa cikin gari don sabunta shi. Da muka kusa, na ce wa direban ya bi da ni ta bakin kogi tukuna. Ruwa ya fara cika, duwatsun tsakiya sun kusa nutsewa. Na sauka na tsaya ina kallonsa yana gangarawa wajen tsibirin da yayana yake, har direban ya gaji ya danna mini oda.